Daga Ƙofar Kwaya zuwa Rangpur, Neman Ɗiyar da Ba Na Kiran Sunanta

Asabar: Katsina zuwa Kano

Ƙarfe shida saura minti ashirin na asuba muka bar Ƙofar Kwaya. Da tawa aka bi, biyar daidai za mu tashi, amma Malam Sada direba ya ce shi ba ya ɗaukar hanya sai ya yi salla cikin jam'i, ni kuwa ba ni da bakin musa masa. Muka biya Ƙofar Kaura muka ɗauki ƙanwata Asabe. Ta fito da jaka uku kamar mai tarewa, tana tafe tana ɗaura ɗankwali.

Bari in faɗa muku abin da ya fitar da ni daga ɗakina, da shekara sittin da biyu da ciwon gwiwa. Ɗiyata ta fari ce ta gama karatun likita a Bangaladash. Kun dai san yadda muke da ɗan fari: ba a kiran sunansa, ba a zama hira da shi, ba a nuna ana son sa a gaban mutane. Tun da aka yaye ta Asabe ta ɗauke ta, a hannunta ta tashi, ita take kira Inna. Ni "ɗiyar Asabe" nake ce mata. Duk abin da nake son ta ji, Asabe nake faɗa wa, Asabe ta kai. Shekara ashirin da shida muna haka, ba a taɓa samun matsala ba, a ganina dai.

To, saura wata biyu bikin yaye su, sai ta bugo wa Asabe waya ta ce ta samu aiki a wani asibitin mata da ke arewacin ƙasar, can za ta zauna. Asabe ta ce, "To Katsina fa?" Ta ce, "Inna, tun da Baba ya rasu, wa ke nemana a Katsina in ba ke ba?" Maganar nan da Asabe ta kawo mini, kwana uku abinci bai yi mini daɗi ba. Na ce a nemo mana biza, mu je mu dawo da ita. Ni zan tsaya, Asabe ta yi magana.

A mota na sake biya mata karatun. "Ki ce mata gida ya fi. Ki ce mata a nan ma mata na buƙatar likita mace. Amma kada ki ce ni na ce."

"To Yaya, wa zan ce ya ce?"

"Ki ce dangi."

"Dangin da ba su san ko a wace ƙasa take ba?"

Shinge bakwai na ƙirga tsakanin Katsina da Kano, tafiyar da ba ta kai kilomita ɗari da tamanin ba. A na bayan Charanci wani jami'i ya sa aka buɗe but, ya zuge jakar tsaraba, warin daddawa ya buge shi, ya maida zif da sauri ya ce Allah ya kiyaye hanya. A Kankiya Asabe ta ce sai ta ci ƙosai, muka ɓata minti ashirin da biyar. A Bichi ta ce za ta kama ruwa. Tara saura minti goma muka isa filin jirgi, na sallami Malam Sada, na ce ya kama hanya tun da sauran sanyi.

Muna cikin layi, saura mutum huɗu a gabanmu, Asabe ta zaro fasfo daga jaka ta buɗe, ta tsaya tana kallonsa.

"Yaya, kin ga ikon Allah."

"Mi ya faru?"

"Tsohon na ɗauko. Na aikin Hajji."

Na karɓa na duba. Shi ne kuwa, wanda ya daɗe da ƙarewa, babu biza babu dalilinta. Sabon yana can Ƙofar Kaura ƙarƙashin katifa, in ji ta. Jirgi ƙarfe sha biyu da rabi, zuwa Katsina da dawowa awa shida ne in an yi sa'a. Na rasa abin da zan ce mata da ba zai zama zunubi ba. Na ce, "Asabe, ke da ƙosai ba ki manta ba."

"Ki yi haƙuri, Yaya. Ki je kawai, ai bakinki ƙalau yake."

Na ce to da me za ta koma gida, tunda na sallami direba? Ta leƙa waje ta ce ai ga Malam Sada can bai tafi ba. Na duba, yana nan kuwa inda muka bar shi, ya kwantar da kujera yana sauraren rediyo. Haushi bai bar ni na yi tunanin komai a kai ba. Haka na shiga jirgi ni kaɗai, na baro bakina a Kano.

Lahadi: Dhaka

Awa bakwai muka yi zuwa Doha, muka yi zaman jira har gwiwata ta sandare, sannan wasu awa biyar zuwa Dhaka, babban birnin Bangaladash. Agogonsu ya riga namu da awa biyar, sai na sauka ban san ko yunwar safe nake ji ko ta rana ba. A wurin binciken kaya wata jami'a ta ɗaga ƙullin kuka ta tambaye ni da Turanci ko magani ne. Na ce miya ce. Ta ɗaga daddawa, ta shinshina, ta kalle ni da tausayi ta ce in wuce.

Ina fitowa zafi ya rufe ni, irin mai danshi da ke manne wa mutum mayafi a wuya. Can na hango ta cikin taro. Ta rame, ta ƙara tsawo, ta sa gilashi. Shekara uku rabona da ganinta. Zuciyata ta yi wani irin tsalle da ban ba ta izini ba, sai na kau da kai na hau gyaran jakar da babu abin da ya same ta. Ta zo ta durƙusa har ƙasa, a gaban mutane, ta ce, "Hajiya, sannu da zuwa. An sha hanya." Idonta kuwa yana bayana yana nema.

"Ina Inna?"

Na kalli wani ginshiƙi na ce, "An baro ta a Kano da tsohon fasfo."

Na ga fuskarta ta canza, na kuma gane lissafin da take yi, don ni ma shi nake yi: kwana shida, mu biyu, babu mai shiga tsakani. Na ce wa ginshiƙin, "An samu mota?" Ta ce an samu.

Daga filin jirgi zuwa masauki kilomita goma sha biyu ne, awa biyu da kwata muka yi. Ni dai ban taɓa ganin gari mai son hon irin wannan ba. Bas na hon, ƙaramar mota na hon, masu keken fasinja da ake tuƙawa da ƙafa suna kaɗa ƙararrawa, kuma babu mai motsi. Wanda ya ce Kano cunkoso gare ta ya je ya nemi gafarar Kanawa. A masauki aka kawo shinkafa da kifi mai ƙaya kamar tsintsiya, da wata miyar wake tsululu. Na ci don dole. Ita kuwa ta buɗe jakar tsaraba ta tarar da kilishi, ta zauna tana ci a hankali, ta ce, "Allah ya saka wa Inna." Ni na je har bakin kasuwa na zaɓo shi, na ce a rage yaji don na san ba ta so. Na ce, "Amin."

Litinin: ranar yaye

Ƙarfe goma aka ce, sha ɗaya da rabi aka fara. Aka zaunar da ni kusa da wata mata gajera mai fara'a, mahaifiyar Nasrin, ƙawar yarinyar nan da suka yi ɗaki ɗaya tun shekarar farko. Turancinta kaɗan ne, amma bakinta bai huta ba. Abin da ya fi ba ni haushi, kowace jimla sai ta sa sunan ɗiyar Asabe a ciki. Wance ta zo gidana hutu, wance tana son mangwaro, wance ta yi zazzaɓi na kwana a kanta. Sunan nan ni na zaɓe shi, na raɗa wa mahaifinta ya kai wa liman, ban taɓa furta shi da ƙarfi ba, ga wata tana juya shi a baki kamar alawa.

Da aka kira sunan a lasifika, Maman Nasrin ta miƙe tana tafi tana hawaye. Ni na kafa wa takalmina ido. Ku da kuka san ni kun san ba rashin murna ba ne. Ni na yi zarya a ofisoshi wata takwas kafin a ba ta gurbin karatun nan. Duk takardun sakamakonta tun daga aji ɗaya suna cikin adakata, babu wadda ta ɓata. Amma in tashi in yi tafi a gaban jama'a don ɗiyar fari? Ƙafata ta ƙi.

Wurin hoto Maman Nasrin ta rungume su biyun. Mai hoto ya yi ta yi mini alama in matso, na matsa taku ɗaya na tsaya. In kun ga hoton za ku ce wata baƙuwa ce ta zo wucewa. Da muka fito, matar nan ta ja ni gefe ta tambaye ni, da zuciya ɗaya, wai ko ni ba mahaifiyarta ba ce, riƙo na yi? Na ce ni na haife ta. Ta ce to laifin me ta yi? Na ce al'ada ce. Ta gyaɗa kai irin na wanda bai gane ba kuma ba ya son ya ɓata wa baƙo rai, ta ce lallai gobe mu bi su Rangpur in ga asibitin da za a yi aikin.

Da la'asar na kira Asabe. Na ce zan miƙa wa yarinyar waya, ta faɗa mata saƙon daga can.

"Yaya, ba na jin ki sosai."

"Ni ina jin ki sarai."

"To gaskiya na gaji. Shekara ashirin da shida nike kai saƙo ina kawo amsa. Ga ki ga ta."

Ta kashe. Na sake kira sau huɗu, wayar a rufe.

Talata: Dhaka zuwa Rangpur

Bakwai da rabi na safe bas ɗinmu ta tashi. Kilomita wajen ɗari uku ne, muka yi awa takwas da ɗoriya. Direban yana tauna wani ganye da ya rina masa baki ja, yana wuce manyan motoci a inda ko akuya ba za ta wuce ba. Na karanta duk addu'ar da na sani, na koma farko. Muka hau wata gada a kan kogin da ba a hango ɗaya gaɓarsa, muna ta tafiya kamar ba za ta ƙare ba. Ko'ina ruwa, ko'ina shinkafa kore shar. Na tuna yadda muke rabon ruwan rijiya a Ƙofar Kwaya cikin bazara, na ce Allah mai rabo.

Ɗiyar Asabe tana kujerar kusa da ni. Sau uku na shirya maganar a baki. Na farko na ce, "An ce a gida ana..." sai direba ya taka burki, ƙarshen maganar ya koma salati. Na biyu na buɗe baki ta miƙo mini ruwa. Na uku na juyo na tarar ta yi barci, kanta ya gangaro ya sauka a kafaɗata. Ban motsa ba har muka tsaya cin abinci. Hannuna ya mutu murus, ban kuma janye shi ba.

A gidan su Nasrin aka tarbe mu kamar mun dawo daga Makka. Sai ga wani abu kuma: Maman Nasrin ta cakuɗa shinkafa da hannunta, ta dunƙula, ta sa wa 'yarta a baki, ta dunƙula wata ta sa wa tawa. Likitoci biyu, manyan mata, suna buɗe baki kamar 'yan tsaki. Na ce a raina wannan wane irin sangarta ne. Na kuma ji kishi ya kama ni, ba zan ɓoye muku ba.

Laraba: gidan Malama

Na ɗauka asibitin za mu. Sai aka ce a'a, akwai inda ba a zuwa Rangpur a koma ba a je ba, ƙauyen da aka haifi wata mata da ƙasar duka ke ji da ita. Sunanta yana jikin makarantu da tituna, yara ma sun san shi. Ni dai Malama na riƙa ce mata, don aikinmu ɗaya. Muka shiga keke mai ƙafa uku ƙarfe tara, minti arba'in muna tsalle a kan hanya.

Da muka isa, me zan gani? Kufai ne, guntayen jan bulo da ciyawa ta cinye, sai wani sabon gini a gefe mai ɗakin karatu da mutum-mutuminta a tsakar fili. Na ce, "Yanzu don rusasshen gini aka karya mini baya? Ai da an bar ni a gida, ganuwar Katsina ta ishe ni kallo." Ɗiyar Asabe ta yi kamar ba ta ji ba.

Wani dattijo mai farin gemu ne ke kula da wurin. Ya zagaya da mu yana bayani da yarensu, yarinyar nan tana mayar mini da Hausa. Karo na farko ke nan da na ji ta yi doguwar magana a gabana, kuma muryar mahaifinta ce sak.

Ya ce Malama ɗiyar masu ƙasa ce, Musulmi, an haife ta fiye da shekara ɗari da suka wuce. A gidansu kulle ya yi tsanani har mace ba ta bari baƙuwar mace ma ta gan ta, karatun zamani kuwa na maza ne. Yayanta namiji ne ya riƙa koya mata a ɓoye. Da ta yi aure ta dace da miji mai son ilimi, ya ƙarfafa mata gwiwa, amma bai yi tsawon rai ba. Bayan rasuwarsa ta buɗe makarantar 'yan mata Musulmi da ɗalibai da ba su cika hannu biyu ba. Aka tsangwame ta, ta kwashe ta koma babban birnin Kalkata ta sake farawa. Ita da kanta take bi gida-gida, cikin lulluɓinta, tana roƙon iyaye maza su ba ta 'ya'yansu.

Nan fa na gyara tsayuwa. Na ce, "A faɗa masa ni ma na yi. Shekara talatin da huɗu ina koyarwa, goma sha ɗaya ina shugabar makaranta. Babu zauren da ban durƙusa ba daga Ƙofar Kwaya har ƙauyukan Batagarawa. An sakar mini kare, an ce in dawo bayan girbi, an ce maigida ba ya nan alhali ga takalmansa." Aka faɗa masa. Dattijon ya dafa ƙirji ya ɗan sunkuya mini. Na ji daɗi, ba ƙarya.

Ya ce da iyaye suka ce ba su yarda a ga 'ya'yansu a titi ba, sai ta samo motar makaranta aka rufe ta ruf. Rufin ya yi yawa, babu iska, yara suka riƙa amai suna jiri, sai da aka sake dabara aka sa labule. Na yi dariya har na riƙe ciki, don na san irin wannan wahalar: ka gyara wa iyaye, yara su koka, ka gyara wa yara, iyaye su janye su. Na ce a tambaye shi nata 'ya'yan fa, su ma malamai suka zama?

Dattijon ya amsa a taƙaice. Yarinyar ta mayar mini.

"Ta haifi mata biyu. Duk sun rasu suna jarirai."

Na san aikin nan ciki da waje, ba sai an faɗa mini yadda safiyarta take ba. Ka buɗe rajista, ka bi sunaye ɗaya bayan ɗaya, kowace ta amsa. Matar nan ta yi shekaru tana kiran 'ya'yan mutane, nata biyun babu wadda za ta amsa ko ta kira.

Muka fito muka zauna a bakin wani tafki, su Nasrin sun tafi neman shayi. Yarinyar nan ta tsinki ciyawa tana murzawa, ta yi magana tana kallon ruwa, yadda ni ma nake yi wa ginshiƙi.

"A aji huɗu mu arba'in da biyu ne. Arba'in da ɗaya ake kira."

Shekarar ni ce malamar ajinsu. Ita ce lamba ta goma sha bakwai. In na zo kanta sai in ɗaga ido in ga tana nan, in yi maki, in wuce ta goma sha takwas.

"Kullum sai in shirya amsata," ta ce. "In ce yau za a manta a kira. Har shekara ta ƙare."

Raina ya ɓaci, irin ɓacin ran wanda aka kama. Na ce, "Haka muka tarar. Ni ma ɗiyar fari ce. Uwata har ta koma ga Allah ba ta taɓa kiran sunana ba, kuma ban bar gari ba."

"Bai yi ciwo ba?"

Na tuna ranar da uwata ke jinyar ƙarshe, ina riƙe da kofi a bakinta, ta ce wa Asabe, "Ki ce wa waccan ta je ta huta." Shekara goma sha tara ke nan, har yau in na tuna sai na nemi abin yi da hannuna. Amma abin da ya fito daga bakina shi ne, "A tashi a tafi, rana ta yi." Ta tashi ta kakkaɓe siket ɗinta, muka tafi. Asibitin ma na gan shi da yamma, mai tsabta ne, mata cike da baranda, kuma kowa a wurin ya san sunanta.

Alhamis da Juma'a: komawa Dhaka

Wata awa takwas ɗin muka sake sha, da wani direban da ya fi na farko ganganci. Ba mu yi maganar kirki ba. Ta sayo mini maganin shafawa na gwiwa, na ce, "An gode." Ina ta faɗa da kaina a zuci. Malama ta shiga zauren mutanen da ba su san ta ba ta roƙi 'ya'yansu. Ni ma na yi. To yau ga tawa a kujera ɗaya da ni, roƙon ya gagare ni.

Juma'a ƙarfe huɗu na yamma muka isa filin jirgi. 'Yan rakiya ba sa wuce ƙofa. Ta ɗora mini jakunkuna a kan abin turawa, ta miƙo ƙullin tsarabar Asabe, ta durƙusa.

"Allah ya kiyaye hanya, Hajiya. A gaida Inna."

"Za ta ji."

Ta miƙe ta juya. Na tsaya ina kallon bayanta, farin mayafi cikin dubban mutane, tana nisa. Mai gadin ƙofa yana miƙo hannu in ba shi fasfo, na bayana suna tsaki. Na ga in ta kai waccan kwanar shi ke nan, sai dai in riƙa jin labarinta a bakin Asabe har in mutu, ita ma wata rana ta ba 'ya'yanta labarin kofi.

Na ajiye jakar hannu a ƙasa. Na ɗauko muryar da nake kiran rajista da ita, wadda ake ji daga aji shida har bakin titi, na kira sunan. Cikakke, da na mahaifinta, yadda yake a lamba ta goma sha bakwai.

Ta tsaya cak. Ba ta juyo nan da nan ba. Da ta juyo gilashinta na hannunta, ta ce, "Na'am." Ban ji ba saboda hon, bakinta na gani. Ta taho tana ture mutane, ta sake cewa, "Na'am, Malama."

Na ce, "Ki dawo gida. Ba dangi suka ce ba, ni na ce."

Abin da ya biyo baya ba na jarida ba ne. Mai gadin dai ya gaji ya ce mu matsa gefe. Ta ce ta riga ta yi wa asibitin alkawarin shekara guda, ba za ta saɓa ba. Na ce ɗiyata ba ta saɓa alkawari, ta cika musu shekararsu, rana ɗaya kada ta ƙara.

Asabar: gida

Sha ɗaya da rabi na safe muka sauka Kano. Malam Sada na jira. Muna wuce Bichi na ce masa, "Wai ranar nan mi ya hana ka tafiya bayan na sallame ka?"

"Ai Hajiya ƙarama ce ta ce in jira ta, tun a Kankiya wurin ƙosai. Ta ce rakiya kawai za ta yi."

Na ce ya maimaita. Ya maimaita, sannan ya gane ya yi ɓaranɓarama, ya ƙara ƙarar rediyo. Daga nan har Charanci ina tsara abin da zan yi wa Asabe. Uku da kwata muka shiga Ƙofar Kwaya, na tarar da ita zaune a tsakar gidana ta dama fura, ko kunya babu.

"Sannu da zuwa, Yaya. Kin faɗa mata?"

"Munafuka. Ina sabon fasfon?"

"Yana cikin jakata tun ranar. Tikitin ma tuni na sa aka ɗaga, sai in za a je ɗauko ta. Kin faɗa mata?"

Na zauna na karɓi furar, don na gaji da shinkafa. Na ce, "Na kira ta." Asabe ta ajiye ludayi ta rufe fuska da mayafi.

Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni lafiya, da gwiwata da komai. Na gode wa Malam Sada, da Maman Nasrin da ta riƙe mini amana shekara shida, da dattijon da ke share kufan gidan Malama, Allah ya jiƙanta ya kai haske kabarinta. Asabe kuwa ban yafe ba tukuna, amma Allah ya bar mu tare. Ɗakin da ke kusa da nawa na sa an fara yi masa fenti, saura wata goma sha ɗaya mai shi ta iso, ɗiyata ta fari, Safiya.